Kwalin Littattafan Da Na Bari A Xiaobei

Shekara goma sha bakwai ke nan da aka binne yayana Sagir a Guangzhou, can ƙasar China. A makon da aka buɗe wasannin Olamfik na Beijing ne. Duk shagon da ka leƙa talabijin na kunne, 'yan ƙasar na ta tafi da sowa, mu kuma muna yawon neman farin yadin da za a yi masa likkafani. Duk shekara idan watan ya zagayo nakan yi masa sadaka in ja bakina in yi shiru. Bana shirun ya gagare ni, domin akwai ƙaryar da na yi wa iyalinsa tun wancan lokacin, kuma na gaji da ɗaukarta.

Yaya Sagir malamin Turanci ne a wata makarantar sakandare a Kano kafin wani abokinsa ya ja shi China. Can ya zama mai raka 'yan kasuwa, ya kai ka inda kaya suke, ya yi maka tafinta, ya haɗa ka da masu aika kaya gida. Shi ya fara kai ni, ni da nake sayar da kayan yara, riguna da takalma. Ni kam tunda na gama sakandare ban sake buɗe littafi don nishaɗi ba, kuma ban taɓa jin kunyar faɗin haka a gabansa ba. Shi ma bai taɓa ƙyale ni ba. Sunana Binta, amma a bakinsa ni ce Hajiya Kilo, wai duk abin da na gani sai na ɗaga na ji nauyinsa kafin in tambayi ko mene ne.

Ɗakinsa yana Xiaobei, unguwar da 'yan Afirka suka fi taruwa, a saman wani dogon bene. Su biyu ne da wani dattijo mutumin Maraɗi, Alhaji Mamman. A ɗakin nan littattafai sun fi kayan sawa yawa, kuma kusan dukkansu ƙagaggun labarai ne na Amurkawa, tsofaffi, wasu bangon ya cire. Duk lokacin da ya tsallaka Hong Kong sabunta biza, mutane su dawo da wayoyi da turare, shi ya dawo da jakar littattafan da wasu suka gama karantawa suka sayar. Abin yana ba ni haushi. Wata rana na ce masa, “Yaya, wai kai a China kake zaune ko a Amurka?”

Ya yi dariya ya ce, “Hajiya Kilo, ai a cikin waɗannan nake gane inda nake zaune. Littafin tarihi zai gaya miki wanda ya yi mulki da shekarar da aka fara yaƙi. Amma abin da mutane suka ci a shekarar, da abin da ya faɗo musu a rai idan an ƙwanƙwasa ƙofa, wannan sai a labari.”

Yana da yadda yake jera su a jikin bango, zamani bayan zamani. Ga na lokacin bauta, da uwa ba ta da tabbacin za ta wayi gari da ɗanta. Ga na baƙin da suka zo a jirgin ruwa suka cunkushe a ƙananan ɗakuna suna ɗinki a masana'antu. Ga na shekarun da kuɗi ya yi yawa aka yi ta shagali, sai na shekarun da suka biyo baya, magidanta na bin layin abinci da hula a hannu. Yakan ce marubutan ba su zauna don su rubuta tarihi ba, labarin wani da wata kawai suke bayarwa, amma zamaninsu ya bi su ya shiga takardar ko ba su gayyace shi ba. Wata rana muna kasuwar Canaan ina tsakiyar ciniki, ya taɓa ni ya nuna min wasu 'yan mata 'yan ƙauyukan China da suka duƙufa a kan kekunan ɗinki a wani lungu, kwanon shinkafa a gefen kowacce. Ya ce shi ya riga ya haɗu da su a littafi, shekara ɗari da suka wuce, a New York. Na ce ya ƙyale ni in ji da mai shago.

Abin da ke damunsa, kuma ya sha faɗa, shi ne mu ba mai rubuta mu. Ga Kanawa, ga mutanen Maraɗi da Yamai, ga 'yan Ghana, duk Hausa ta haɗa mu a wani gari da iyayenmu ba su taɓa jin sunansa ba, amma in ban da rasiɗi ba abin da za mu bari. Na ɗauki maganar irin ta malamai ce, ta shiga ta kunnen nan ta fita ta wancan.

Sai shekarar Olamfik ta zo. Tun watanni kafin wasannin biza ta yi wuya, sabuntawar da ake yi cikin sauƙi ta tsaya, ana yawan tare mutane a duba fasfo. Wasu suka tattara suka koma gida. Yaya ya ce zai jira, da an gama wasannin komai zai lafa. Bizarsa ta ƙare yana jira, ya koma zaman ɗaki. Ni na isa a ƙarshen watan Yuli sarin kayan Sallah, da bizar 'yan kwanaki. Na same shi ya rame, yana dafe ƙirji idan ya hau matakala. Na yi faɗa, na yi lallashi a je asibiti, ya ce abin da za a fara tambaya shi ne fasfo, in bari a kwana biyu. Duk lokacin da na shiga yana zaune a bakin taga da littafi a cinya da biro a hannu. Na ɗauka ja wa layuka yake yi, irin na malaman makaranta.

Wata safiya ya yanke jiki ya faɗi. Alhaji Mamman da wasu 'yan uwa suka ɗauke shi zuwa asibiti ba tare da kowa ya sake zancen fasfo ba. Kafin azahar ya cika. Allah Ya saka wa jama'ar Xiaobei da alheri, su suka yi ta zirga-zirgar takardu har aka samu aka sallace shi aka kai shi makabartar Musulmi. Ban taɓa ganin kabarin ba.

Kwana uku suka rage min a ƙasar. Azumi ya matso, kayan Sallah in ba ta jirgin sama ba ba za su iso kan lokaci ba, jirgin sama kuwa ma'auni ya sani. Na haɗa rigunansa da agogonsa da dardumarsa, abin da na san za a tambaya a gida. Alhaji Mamman ya zuba littattafan a babban kwali, na ɗaga gefe ɗaya na ji ya fi buhun shinkafa nauyi. Ya ce, “Hajiya, wa'annan takardu hwa, mi za a yi da su?”

Na ce ya ba tsohuwar nan da ke zagayawa da keke tana tara kwalaye da takardu. Ya tsaya yana kallona, ya ce, “Marigayi na son su ƙwarai.” Na ce marigayi ya tafi, kuma a gidanmu ba mai karanta su. Da na so, da na bar masa kwalin ya sa a kwantena ta ruwa, ko bayan wata uku ne zai iso. Tunanin bai ko zo min ba, domin a idona ba kaya ba ne. Guda ɗaya kawai na zara, shi ma don akwai gurbi a kwalin takalma, kuma kwali in da gurbi a ciki yakan lotsa a hanya.

Ranar da na isa Kano, bayan an yi kuka an gaji, matarsa Rabi ta ja ni ɗaki. 'Yarsu Nabila, mai shekara biyar a lokacin, tana barci a kan gado. Rabi ta ce, “Binta, littattafansa fa? Ya ce min a waya yana rubuta wa Nabila wani abu a ciki, in ta girma ta karanta.”

Ban san lokacin da na ce na sa su a kago suna hanya ba. Na fita waje na kira Alhaji Mamman. Bawan Allahn nan ya bi tsohuwar har inda take kai kayanta, ta girgiza masa hannu ta ce meyo, kalmar da duk ɗan kasuwa ya sani, wato babu. An riga an kwashe. Bayan wata biyu na ce wa Rabi kwalin ya ɓace a hanya. Ta ce Allah Ya sa haka shi ya fi alheri, har tana ba ni haƙuri.

Da kayana suka iso na farke kwalin takalman. Littafin na masu ɗinkin nan ne da suka zo a jirgin ruwa. A shafin farko, da ƙaramin rubutunsa, ya sa: “Na bakwai. Ci gaba daga na shida.” Duk gefen da mai buga littafi ya bari fari ya cika shi da Hausa. Inda ake labarin baƙi na kwana a gado ɗaya bi da bi, ya rubuta yadda suke a nasu benen, da minsharin Alhaji Mamman, da tuwon masarar da yake tuƙa musu ranar Juma'a. Inda ake labarin tsoron jami'ai, ya rubuta yadda takun takalmi a matakala ke sa ɗaki ya yi tsit. A wani shafin na tarar da kaina: “Yau gwaggonki Binta ta yi ciniki da kalkuleta har mai shago ya riƙe kai. Ki koyi taurin kanta, kada ki koyi saurinta.” A shafin ƙarshe ya sa: “Ci gaba a na takwas.” Ban san iyakar inda lambobin suka kai ba. Na naɗe shi a zani na sa a ƙasan akwati, domin in na fito da shi sai an tambaye ni yadda aka yi ya iso shi kaɗai.

Nakan tambayi kaina me zai ce da ya ga yau. Bai yi wata biyu a ƙasa ba tattalin arzikin Amurka ya girgiza, ciniki ya ja baya har a Canaan, kuma na san da yana nan da ya zaro ɗaya daga jikin bango ya ce min ai ga shi an taɓa yi. Yanzu yawancinmu ba ma zuwa, hoto ake turo mana a waya mu zaɓa. Zuwana na ƙarshe, benensu ya zama na wasu, gidan abincin da muke cin shinkafa da miya ya rufe, Alhaji Mamman ya koma Maraɗi shi ma ya rasu. Yaran da ke oda ta waya ba su san an taɓa yin wani zamani da Hausa ke tashi a lif ɗin benayen Xiaobei kamar a kasuwar Kwari ta Kano ba. Ina jin ba zai yi mamaki ba. Zai ce dama haka zamani ke wucewa, shi ya sa ake rubutawa. Mutum ɗaya na sani da ya zauna ya rubuta namu, ni kuma na sa aka auna shi a kilo.

Nabila yanzu tana ajin ƙarshe a jami'a, Turanci take karanta, ba wanda ya sa ta. Aikinta na kammalawa a kan ƙagaggun labaran Amurka ne da yadda suke nuna zamaninsu. Watan jiya ta zo gidana tana min bayanin aikin, tana jera zamanin da hannu kamar yadda ubanta ke jera su a bango, sai ta ce, “Gwaggo, da ma kwalin Baba bai ɓace ba.”

Na tashi na buɗe akwatin. Na gaya mata komai, har da ɗaga kwalin da na yi, har da abin da na ce wa Alhaji Mamman. Ba ta yi min faɗa ba, da ta yi da na fi jin sauƙi. Ta karɓi littafin ta tafi ba sallama. Rabi ta kira ni washegari, muka yi kuka a waya, ta ce ta yafe, amma Nabila ba ta fito daga ɗaki ba. Kwana tara ba ta ɗaga wayata ba.

Idan na auna abin da ya rage na Yaya Sagir, ba yawa. Rigunan sun tsufa a jikin waɗanda aka raba wa, agogon ya tsaya, kabarin yana ƙasar da 'yarsa ba ta taɓa takawa ba. Sai littafi ɗaya daga tsakiyar labari, ba farko ba ƙarshe, da yarinya mai irin kallonsa. Sai kuma ni, wadda ta ga ɗakin, ta san mutanen, ta ji muryarsa a bakin tagar. Allah Ya jiƙansa, Ya haskaka makwancinsa, ni kuma Ya yafe min.

A rana ta goma Nabila ta yi sallama a ƙofata. Idonta a kumbure. Ta zauna a ƙasa kusa da ƙafata, ta fito da sabon littafin rubutu irin na 'yan makaranta, ta ajiye a cinyarta. A bangon ta rubuta “Na takwas”. Ta cire murfin biro ta ce, “Gwaggo, ban huce ba tukuna. Amma ke kaɗai kika rage. Fara min daga ranar da kika same shi a bakin taga.”