Shagon da Aka Share Kafin Mu Iso

Akwai wata Litinin, a daminar da aka ƙara mini girma zuwa babban jami'in tantance asara, da har gobe ba ta bar raina ba. Ku da kuka shigo aikin inshora kwanan nan, ku saurara. Aikinmu shi ne in abu ya lalace mu je mu gani da ido, mu ɗauki hoto, mu ɗebo guntun abin da ya karye, sannan mu rubuta rahoto. Abin da ba mu gani ba, a wurin kamfani bai faru ba.

Malam Habu yana haya a wani jerin shaguna a Gyaɗi-Gyaɗi, yana sayar da sukari da fulawa buhu-buhu. Mai ginin, wani Alhaji mazaunin Tarauni, ya yi wa shagunan inshora a wurinmu, har da kayan 'yan haya. Amma da sharaɗi: in sakacinsa ne ya jawo ɓarna, shi zai biya daga aljihunsa. Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci aka tafka ruwa, rufin shagon ya rufta a kan jarin Malam Habu gaba ɗaya. Mu kuwa mun tashi aiki sai Litinin.

Da na isa, na ɗauka ɓatan hanya na yi. Shago tas, an wanke daɓe, sabon kwano yana ƙyalli a sama. Malam Habu ya tare ni da fara'a, ya turo mini benci.

Na ce, "Malam, ina buhunan?"

Ya ce, "Yallaɓai, maƙwabta ne, Allah ya saka musu. Asabar da safe suka yi mini gayya. Sukarin ya narke ya bi kwata, fulawar ta fara tsami, suka kwashe a kura zuwa bola."

"Katakon da ya karye fa?"

"Ai Alhaji ya kyauta. Shi ya turo kafinta da leburori, ko sisi ban kashe ba. Tsohon katakon ma sun tafi da shi."

Na matsa masa da tambaya. Ashe katakon nan gara ta gama cinye shi, kuma Malam Habu ya sha yi wa Alhaji magana, amma da baki, cikin ladabi. Na tambaya ko wani ya ɗauki hoto. Ya dube ni kamar na yi saɓo, ya ce jaje mutane suka zo, wa zai tsaya ɗaukar hoton masifar ɗan'uwansa?

Na garzaya bola, motar shara ta riga ni. Na bi maƙwabtan ɗaya bayan ɗaya. Kowa ya rantse ya ɗauki buhu da hannunsa, amma da na tabo zancen katako sai kowa ya tuna yana da ciniki. Su ma a ƙarƙashin rufin Alhaji suke.

A ofis manajanmu ya karanta rahotona, ya cire tabarau. "Me ka gani da idonka?"

"Sabon rufi, ranka ya daɗe."

"To shi za ka rubuta. Shaidar maƙwabci ta ƙauna ce, ba ma biya a kanta."

Na yi gardama har ya ce in ja masa ƙofa. Kamfani bai biya ba, Alhaji ma bai biya ba, sai yabo da ya sha a unguwa. Ni aka aika in gaya wa Malam Habu. Ya ce, "Allah ya sa haka shi ya fi alheri." Wallahi da zagina ya yi da na fi samun sauƙi.

Da shekara ta zagayo Alhaji ya ƙara kuɗin haya, wai an gyara shago. Malam Habu ya miƙa makulli. Ganina da shi na ƙarshe a Hotoro ne, yana auna sukari da gwangwani a kan tebur.

Abin da na koya mai ɗaci ne. Mutanenmu suna gaggawar rufa wa juna asiri, ƙa'idarmu kuwa tana son a bar asara a buɗe har mu zo, kuma masu wayo sun san haka. Shi ya sa yanzu in aka kira ni, kafin in ce Allah ya kiyaye gaba, sai in ce kada kowa ya taɓa tsintsiya. Sukan ce ba ni da tausayi, ni kuwa ba na musu.