Ranar da Baffa Ya Ƙi Ruwayata

A Ruma, shekarun da ake rufe ƙofar ganuwa tun la'asar saboda mahara, kakata Iya ce kaɗai ta rage mini. 'Yar malamai ce. Bayan magariba takan hura wuta a bakin ɗakinta, ni da kyanwarta mu zauna. Sauran yaran gidan sun daina zuwa, domin Iya ba ta fara hadisi sai ta jero waɗanda suka miƙo shi: mahaifinta, daga malaminsa na Katsina, daga wane, daga wane. Akwai ranar da na yi barci, na farka, na ƙara tsawo, ba ta kai ga sahabbai ba.

"Ke uwar zuƙi, zauna daidai," in ji ta. "Wannan ba tatsuniya ba ce. Mai ƙari a magana, ko gaskiya ya kawo, ba a karɓa."

Wanda ta fi so shi ne na matar da ta kulle kyanwa, ba ta ciyar da ita ba, ba ta sake ta ta nema ba, har ta mutu, matar ta shiga wuta. Takan ce daga nan malamai suka gane cewa wanda ya tsare dabba, cinta ya hau kansa. Sai ta kawo na biyu: kyanwa 'yar gida ce mai zagaya mutane, saboda haka ragowar ruwanta yana alwala, sai in an ga ƙazanta a bakinta.

Iya ta rasu da rani. Ba a yi sadakar arba'in ba kyanwar ta sha a ƙwaryar alwalar Baffa, wan mahaifina. Ya zubar da ruwan, ya ce a raba gidan da ita. Na durƙusa na kawo masa hadisin, da waɗanda suka miƙo shi duka, ban tsallake ko ɗaya ba.

Ya ce, "Hansai, ba ke kika ce kin ga kura tana jan sallah a rafi ba?"

Ni ce kuwa. Gidan ya ɗauki dariya. Aka sa kyanwar a kwando, aka ba wani mai jaki ya sake ta a hanyar Safana.

Da kaka wani malami ya sauka a zaurenmu, Baffa ya tambaye shi hukuncin ragowar ruwan kyanwa. Ya faɗi abin da na faɗa, nasa ma bai kai nawa cika ba. Baffa ya ce Allah ya jiƙan Iya, bai dubi inda nake ba.

Yanzu shekaruna sha shida. Na daɗe ina jin haushin Baffa kafin in yarda cewa hukuncin ne bai sani ba, ni kuwa ya san ni sarai. Sau uku na bi hanyar Safana ina kira. Kyanwoyi sun waiwayo, babu tamu.