Sunan da Hajiya Uwa Ba Ta Kira

Hajiya Uwa 'yar Damagaram ce, kuma duk unguwarmu ta Muraqqabat, a nan ƙasar waje, babu wanda ya kai ta iya riƙe faranti. Ba wasa nake ba. Gida ɗaya muke haya, ni da ɗakina, ita da ɗanta da jikarta Safiya da nasu ɗakunan, kicin kuma na kowa. In ta miƙo mini shayi, sai in ji kamar ni ce matar gwamna.

Wata rana na tsokane ta. Na ce, "Hajiya, wannan takun a ina kika koyo shi?"

Ta ce, "A Faris, ɗiyata. Sana'ata ce."

Na ɗauka ruɗun tsufa ne, sai Safiya ta nuna mini a waya. Tsohon fim ne na Faransa, marar kala. Aka ƙwanƙwasa ƙofa, wata doguwar yarinya baƙa ta buɗe, ta karɓi hular baƙo, ta ɓace. Hajiya ce, wallahi, har da wushiryar.

Ashe mijinta ya rasu tana da goyo. Matar wani likita Bafaranshe ta ɗauke ta raino, da za su koma ƙasarsu suka tafi da ita, ta bar yaron hannun mahaifiyarta. A can wani maƙwabci mai harkar fim ya zo neman wadda za ta buɗe ƙofa. Daga nan ta yi shekaru tana buɗe ƙofa, tana kai abinci, tana kuka a sahun baya in an yi mutuwa. Sunanta ba ya fitowa a allo sai ƙarshen fim, lokacin da mutane suka riga suka tashi daga kujerunsu.

Sau ɗaya aka ba ta babban matsayi. Za ta fito uwar wani saurayi da jirgin ruwa zai tafi da shi, ta bi gaɓa da gudu tana ƙwala masa kira. Sunan saurayin Sulaiman. Sunan ɗanta na fari ke nan, wanda ta baro gida, mace irin Hajiya kuwa ba ta kama sunan ɗan fari. Ta roƙi darakta a sauya, ya ce an riga an ɗauki rabin fim da sunan. Ta yi gudun, ta buɗe baki, shiru. Aka sake, aka kuma sakewa. Ƙarshe aka ba wata, ita ta koma wa farantinta har ta baro ƙasar.

Haushi ya kama ni. Na ce, "Haba Hajiya! Fim ne fa!"

Ta yi dariya. "Voilà, haka shi ma ya ce. Bakina ne bai san fim ba."

Wannan Sulaiman ɗin shi ya girma ya zama Alhaji Sulaiman mai tura kaya gida daga unguwar Al Quoz, ya ɗauko ta zuwa nan don ta huta. Ban taɓa jin ta ce masa komai ba sai "Baban Safiya".

A shekarar korona ciwon ya kwantar da shi. Aka kai shi asibiti, aka hana kowa zuwa. Da jikin ya yi nauyi, wata nas ta kira mu ta bidiyo, ta kai wayar kusa da fuskarsa. Ta ce ba ya magana, amma wataƙila yana ji, a kira sunansa, muryar uwa takan sa mutum ya motsa. Safiya ta fassara wa kakarta. Ni ce riƙe da wayar.

Hajiya ta matso. Ta ce, "Baban Safiya." Bai motsa ba. Ta ce, "Alhaji. Ni ce."

Safiya ta fashe da kuka. "Kaka, sunansa! Don Allah, sunansa!"

Na ga ta buɗe baki, sunan bai fito ba. Na ga ta ja numfashi, ta dafe ƙirji. Na so in girgiza ta, na so in cusa mata sunan a baki, amma me zan iya? Nas ta jira iya jiranta, ga wasu marasa lafiya na nemanta. Ta ba da haƙuri, ta ce inshallah za ta sake kira. Kiran da ya biyo baya na rasuwa ne, ko jana'izar ba mu gani ba.

Ban ce da ta kira shi da ya tashi ba. Wannan sanin Allah ne. Amma abin ya tsaya mini a rai, har na riƙa kauce mata a kicin.

Bayan an share makoki, wata safiya na shiga ɗora ruwan zafi, na tarar da ita tana wanke kofuna, bayanta gare ni. Magana take yi ƙasa ƙasa.

"Sulaiman. Sulaiman."

Ta ji motsina, ta juyo, hannuwanta duk kumfa.

Ta ce, "Kin ji, ɗiyata? Ashe yana fita."