Direban Sama da Baƙar Kaza

Ba ta daɗe da fita takaba ba, Inna mai ɗinki ta tsaya a gindin bene da tukunyar gas, ta rasa yadda za ta hau da ita. Sai ga maƙwabcinta, matuƙin jirgin da yaran gidan ke kira Direban Sama, fes cikin farar riga. Bai tsaya tambaya ba, ya saɓa tukunyar har ƙofarta. Tsatsa ta ɓata masa kafaɗa, ta hau ba shi haƙuri, ya ce ai gajimare ba ya duba riga.

Mutum ne marar hayaniya. In ya dawo daga tafiya, ƙarar tayoyin jakarsa a matakala ke yi masa sallama. Wata shekara ƙarar ta ɗauke. Matarsa ce ta gaya wa Inna cewa likitocin matuƙa sun ga jininsa ya hau, sun riƙe takardar lafiyarsa, kuma babu ita babu tuƙi. Ya sha magani, ya bar gishiri, teɓa ta zube. Amma da an ɗaura masa abin awon jini a asibiti sai gabansa ya kama dukan uku-uku, jinin ya hau, a sake cewa ya koma gida.

Inna ta zaro abin awon marigayi daga ƙarƙashin gado, wanda ta yi shekaru tana auna mijin nata da shi, ta aika ya zo. Ta lura tun kafin ta matsa iska ya kafe allurar agogon abin da ido kamar mai jiran hukunci. Sai ta juya ta bango, ta shiga ba shi labarin baƙar kazarta ta tsakar gida, wadda ta bar ƙwanta ta kwanta kan ƙwallon yara, tana saran duk wanda ya matso. Ya yi dariya har da hawaye. Da Inna ta leƙa, allura ta sauka.

Haka suka riƙa yi bayan la'asar, har matarsa ke tsokanar cewa ya san kajin Inna fiye da surukansa.

Ranar awo, da aka ɗaura masa abin, ya rufe ido ya hau ba likita labarin kazar. Jinin bai hau ba. Likitocin suka ƙara gwada shi a wasu ranakun, sannan suka mayar masa da takardarsa.

Inna na kan sallaya da asuba ta ji tayoyin jaka suna sauka. Ta daɗe hannunta a sama tana godiya.

Da ya dawo, ya durƙusa a ƙofarta da farar rigarsa.

"Inna, awon nan ba ya ƙarewa, za su sake kirana. Don Allah kazar nan, ko wane irin baƙo aka yi, kada a yanka ta."