Winifred Milburn da Kundin Rabin Kiɗa

Haihuwa da asali

An haifi Winifred a shekarar 1889 a garin Rothbury na ƙasar Ingila, ɗiya ga Cuthbert Hedley, makiyayin tumaki kuma mai goge, da matarsa Isabella. Gidansu ya gaji wani kundin kaɗe-kaɗen rawa da kakan Cuthbert ya fara rubutawa da hannu a 1811. Bisa al'adar gidan, farkon kowane kiɗa kaɗai ake rubutawa, ƙarshensa kuwa a ka ake riƙe shi, don kada makaɗan wasu garuruwa su sace kundin su ƙwace musu bikin girbi. Dabara ce ta masu tsoron ɓarawo fiye da tsoron mutuwa.

Aure da zuriya

Ta haddace kundin a hannun mahaifinta kafin rasuwarsa a 1912, shekarar da ta auri Ralph Milburn, maƙeri. Cikin 'ya'yanta uku, Edwin kaɗai ya ɗauki goge, shi ta ɗura wa komai, shi kuma yaƙi ya ci a 1943. Daga nan hankalinta bai sake kwanciya ba, domin gadon gidan kaf ya koma cikin kanta ita kaɗai.

Shekarun tsufa

A 1958 mantuwa ta fara kama ta. Ranar da ta tsaya cak a tsakiyar kiɗa, masu rawa suna jiranta ƙafa a sama, ta koma gida, ta karya al'adar kakanni, ta umarci ɗiyarta Dorothy ta koyi rubutun kiɗa.

"Mama, ki huta mana, gobe ma yi," in ji Dorothy.

"Wace goben? Ke dai rubuta, kafin wannan ma ya gudu!"

Sun ceto da dama, amma mantuwar ta fi alƙalami sauri. Kiɗan da aka yi ranar aurenta shi ta fi nema, kullum tana ɗauko farkonsa tana kakarewa, tana tambayar kowane baƙo ko ya taɓa jin sauran.

Rasuwa

Ta rasu a watan Nuwamba 1964, aka binne ta kusa da mijinta a maƙabartar cocin garin. A bakin kabari makaɗa suka buɗe kundin, suka kaɗa wannan kiɗa har inda rubutu ya ƙare, sannan suka sauke goge. Ta bar 'ya'ya biyu, Dorothy da Alec, waɗanda har yau ba su san yadda kiɗan auren iyayensu yake ƙarewa ba.