Kafintan da Alƙali Bai Saurara Ba

"An ce Auta ya tsallake?"

"Da saura. Alƙali dai ya ce sai an ji ta bakinsa."

"Sassauta murya, ga yayansa can."

Yayan ya ji hirar maƙwabtan rumfarsa sarai. Bai ɗago daga ƙafar kujerar da yake gogewa ba, sai ma ya ƙara danna hannu har katakon ya ɗau zafi.

Kafinta ne tun yana saurayi. Rabin masu rumfa a layin nan shi ya koya wa riƙon zarto, har da ƙanensa Auta. A da yana da injin yanka nasa na kansa, rumfarsa ba ta rabo da hayaniya. Sai wani dillali ya ba shi katako bashi, ɗanye sharaf. Ƙofofin da ya yi duk suka lanƙwashe, masu aiki suka dawo masa da su. Ya ce ba zai biya ba. Dillali ya kai shi kotu ta hanyar gaggawa, wadda ake bi in an ce bashi ba shi da gardama.

Da sammaci ya zo, Kafinta ya sa shi ƙarƙashin gwangwanin ƙusa ya ce, "Allah ya kai mu ranar, bakina ya ishe ni." Bai san dole mutum ya rubuta tun kafin zama cewa yana da ja ba, ya faɗi dalilinsa, ya rantse a kai. Ranar ya sha guga, ya ɗauki ƙofa guda a ka don alƙali ya gani da idonsa. Ko zama bai gama gyarawa ba aka yanke hukunci. Injin ya tafi a biyan bashi, ƙofar ya dawo da ita a ka.

Bana dillalin nan ya yi wa Auta irin ta. Amma matar Auta ba ta zauna ba. Ta tasa mijinta gaba har ofishin magatakarda, suka tambaya, suka shigar da kariyarsu da wuri. Aka mayar da ƙarar layin shari'a ta sosai, mai shaidu da tambayoyi.

Tun daga nan Kafinta bai da sukuni. In an yabi Auta sai ya taɓe baki.

"Yaron da ko kusurwa bai iya fitarwa daidai ba! Mace ce ta yi masa."

Matarsa ta ce, "Malam, ai abin farin ciki ne."

"Wa ya ce miki baƙin ciki nake? Miƙo min manne."

Abin da ke cinsa shi ne Auta mai in'ina zai tsaya gaban alƙali a bar shi ya yi bayani har ya gaji, shi kuwa da ya fi kowa sanin katako ko tari ba a bari ya yi ba.

Da yamma Auta ya leƙo aron ƙarfen matse katako.

"Yaya, sannu da aiki."

"Manyan kotu! Ka san ma yadda ake gane ɗanyen katako?"

"Lauya ya ce mu nemo wanda ya sani. Ina tunanin mai rumfar ƙarshe."

Kafinta ya ajiye kujerar da ƙarfi.

"Wannan? Ni na koya masa!" Ya kaɗe garin katako daga gemunsa, murya ta sauka. "Auta, don Allah ka ce wa lauyanka ya sa ni cikin shaidu. Ka bari alƙalin nan ya ji ni."