Alhaji, A Kawo Tabarma Ne?

Jiya injiniyan da nake kaiwa aiki garin Dir'iyya a nan ƙasa mai tsarki, mutumin Finland, ya nuna mini fim ɗin ƙasarsu a waya. Wani tsoho ne a ciki, fuska kamar an zuba mata siminti, amma injiniyan har hawaye yake don dariya. Nan take Baba, wani dattijo ɗan ƙasarmu, ya faɗo mini a rai.

Ya daɗe yana fitowa a matsayin maigadi a wasan talabijin can gida, kafin ya zo nan ya koma sayar da turare a unguwar Ulaisha. Wata Sallah muka shirya wasa a istiraha, wato gidan shaƙatawa na haya, ni maigida, shi maigadi. Don in ba mutane dariya, na kurma ihun da ko a Makka sai an ji, na zube ina birgima. Ko tari babu wanda ya yi. Baba ya kurɓi shayinsa mai ƙamshin na'ana'a, ya dube ni.

"Alhaji, a kawo tabarma ne?"

Wurin ya fashe da dariya. Kunya ta hana ni tashi.

A mota na tambaye shi sirrin. Ya ce, "Ɗana, kai ka riga ka cinye dariyar, me ka rage musu?"

Ga furfura ta fito mini, har yau ihun nake. Allah ya jiƙan Baba, ya sanyaya makwancinsa.